Sakan Tara na Fim ɗin Mama

Da gwangwanin fim a rungume ta shigo, tana tafiya a hankali kamar wadda aka ba jaririn mutane ta riƙe.

Gidan ajiyar tsofaffin fina-finai ba wurin da 'yan mata suka saba zuwa ba ne. Hawa na biyu ne a wani tsohon gini, tagoginsa duk da baƙin labule. Masu hawowa ɗalibai ne masu neman abin rubutu, sai tsofaffi masu neman ƙuruciyarsu. Shi ya sa saurayin da ke bakin teburin karɓa ya miƙe har yana ture kujera.

Abokan aikinsa Sannu suke ce masa. In ka ba shi gwangwani ya buɗe, kana iya sauka ƙasa ka sha shayi ka dawo bai gama sa safar hannu ba. Shekara biyar yana aikin, ko tsinke bai taɓa karyawa ba, kuma yana ji da hakan fiye da yadda ya kamata.

"Barka da aiki," ta ce. "An ce a nan ake farfaɗo da irin wannan."

Ya karɓa da hannu biyu, ya ɗaga murfin kaɗan, ya kai hanci.

"Malam, ba fa abinci ba ne."

"Tsohon fim in ya fara mutuwa warin tsami yake yi," ya ce, kunnuwansa na zafi. "Wannan ya fara, amma da sauran rai."

Sai ya ga rubutun da ke kan murfin, siririn rubutu mai karkata hagu. Ya san shi. Yana kan gwangwanaye fiye da ɗari a ɗakin sanyinsu, na fina-finan da hukuma ta ɗauka a da: buɗe gada, gasar noma, zuwan manyan baƙi.

"Wannan ai hannun Mai Kyamara ne!"

"Babana ne," ta ce, ta yi murmushi a karo na farko. "Ni ce autarsa. Kowa Auta yake ce min."

Nan ta ba shi labari. Mahaifiyarta ta rasu tana da shekara biyu. Hotunanta uku kawai suka rage, duk a tsaye ƙiƙam. Wannan fim ɗin na minti huɗu shi kaɗai ne wurin da take motsi, kuma Auta ba ta taɓa ganinsa ba, don majigin Baba, na'urar haska fim, ya mutu tun tana rarrafe.

"A shagon tabarau nake aiki, ni ke gwada idon mutane," ta ce. "Duk wata uku sai na ƙara wa Baba ƙarfin gilashi. Na san abin da nake gani. Ina so ya sake ganinta tun yana iyawa."

Sannu ya nuna mata allon da ke bango, wanda Shugabar wurin ta rubuta da hannunta: KWAFI ƊAYA TILO BA YA SHIGA MAJIGI. Ya yi mata bayani cewa tsohon fim tsukewa yake yi, ramukan gefensa su daina dacewa da haƙoran majigi. Dole sai ya huta a sanyi, a bi shi da hannu taku-taku, a gyara, sannan a sa shi a sikana, na'urar da ba ta da haƙora. Layin sikana kuwa sati shida ne.

"Sati shida," ta maimaita. "To, Allah ya kai mu. Amana ce na ba ka."

Ya rubuta mata lambar wayarsa a bayan takardar shaida, wai ko za ta so jin yadda aikin ke tafiya. Ba a taɓa yi wa ɗalibai haka ba.

Kwana biyu sai ga saƙo.

"Malam Sannu, ya mai jiki?"

"Yana kwance a sanyi, yana samun sauƙi. Ya tambaye ki."

"Ashe kana magana. Na ɗauka sai da safar hannu kake taɓa waya."

Kafin sati ya zagayo, Sannu ya gano cewa idonsa na damunsa. Ya je shagon tabarau, ta zaunar da shi a kujera, ta haska masa ƙaramar fitila.

"Kalle ni nan. A'a, ba bango ba, ni."

Ya kalle ta. Ya karanta allon har layin ƙarshe, wanda ko ita sai ta matsa take gani.

"Idonka ya fi nawa lafiya," ta ce tana danne dariya. "Me ya kawo ka?"

"Abin da na zo gani na gan shi."

"Kai, Sannuna! Ashe ruwa mai sanyi ne ke cin mutum."

Daga ranar ya zama Sannuna, ita kuma Haskena. Saƙonninsu suka yi yawa har Shugaba, dattijuwa mai tabarau a kan hanci wadda ba abin da ke wuce ta, ta fara tambayarsa ko wayar ma za a yi mata kati a sa ta a rajista.

Ranar da ya fara zuwa gaida Baba, hira ta yi daɗi. Tsohon na zaune a falo kusa da taga, inda haske ya fi yawa. Da Sannu ya faɗa masa lambar gwangwanin buɗe gada, ya kuma kwatanta yadda kyamarar ta bi motar farko har ta ƙetare, sai Baba ya kama hannunsa ya ƙi saki.

"Ashe akwai mai kallo," ya ce. "Na ɗauka ɓeraye na yi wa aiki."

Matsalar ita ce ba su kaɗai ba ne a falon. Akwai ɗan aminin Baba, mai ɗaukar bidiyon biki, wanda ake kira Mai Jirgi saboda ƙaramin jirgin kyamara da yake tashi a kan 'yan biki. Ya daɗe yana zuwa gidan, kuma ba Baba yake zuwa gani ba. Agogonsa kaɗai ya isa ya haska ɗaki.

"Sati shida?" Mai Jirgi ya ce, yana juya makullin mota a yatsa. "Baba, da ni aka ba, kwana biyu kun gani. Mutanen nan kafin su gama shafa shi da auduga, ido ya..." Bai ƙarasa ba, amma kowa ya ji sauran.

Auta ta sunkuyar da kai. Sannu kuwa ya ji bakinsa ya riga hankalinsa.

"Jibi zan kawo muku wani abu ku gani, Baba."

Baki shi ke yanka wuya.

Washegari da rana Shugaba ta tafi taro. Sannu ya ɗauko gwangwanin daga ɗakin sanyi, ya shiga ƙaramin ɗakin kallo, ya rufe ƙofa. Ya ce wa ransa sau ɗaya ne kawai: zai duba ko hoton na fita, sannan ya sake juyawa ya ɗauka da waya. Ya ce ai hannunsa ba irin na kowa ba ne. Allon Shugaba na bayan ƙofa, bai waiwaya ba.

Majigi ya tashi. A bango ga tsakar gida, ga igiya, ga mace ta ba da baya tana shanya. Ta sunkuya, ta miƙe, ta yarfe zane. Sai kamar an kira ta, ta juyo.

Fuskar Auta ce sak. Ta ga kyamara, ta zaro ido, ta fashe da dariya, ta kai bayan hannunta ta rufe baki.

Duk mai wannan aiki ya san majigi da kunne ake tsaronsa, ido na biye ne. Muddin ƙarar ta canza, hannu ya kai ga makunni. Sannu ya san haka, shi ke koya wa sababbi. Amma ranar kallo yake yi, bakinsa a buɗe, bai ji lokacin da ƙarar ta koma ta tauna ba. Sai da hoton ya tsaya, wani baƙin rami ya buɗe a tsakiyarsa yana faɗi, ƙauri ya cika ɗakin.

Ya kashe. Ya durƙusa. A ƙarƙashin majigi ga abin da haƙora suka tauna, ya zube kamar busasshen ganyen da aka murje. Ya auna abin da ya ɓace. Sakan tara. Duk juyowar, duk dariyar.

Abin da ya yi bayan nan shi ne abin da ya fi ƙona shi daga baya. Ya share ɓurɓushin tsaf ya zuba a ambulan, ya sa a aljihu. Ya gyara bakin fim ɗin biyu, ya haɗa su da irin haɗin da ko Shugaba sai da gilashi za ta gane. Hannun nan da yake taƙama da shi bai taɓa yin aiki mai kyau kamar na ranar ba.

Ya tura saƙo: "Haskena, ki ba Baba haƙuri, gobe ba zai yiwu ba. Gara a bi ƙa'ida."

"Na sani, Sannuna. Shi ya sa na ba ka, ban ba wani ba."

Ya karanta ya kife wayar.

Da layi ya zo kansa aka yi sikanin, ya kai musu ranar wata Asabar da hantsi. Auta ta ja labule, ta matso wa Baba da kujera har gaban talabijin, ta goge masa tabarau. Ta zauna a ƙasa ta jingina da ƙafarsa.

Ga tsakar gida, ga igiya, ga mace ta ba da baya. Auta ta dafe ƙirji. Matar ta yarfe zane, sai kuma ga ta can ta ɗauki bokiti tana shiga ɗaki. Minti huɗu suka ƙare, ba a ga fuskarta ba sai ta gefe.

"Mayar baya," Baba ya ce. Aka mayar. "Ina wurin da ta juyo? Na kira ta, ta juyo ta yi dariya. Don wannan na ajiye fim ɗin."

Ambulan na aljihun Sannu, yana jin sa a kan ƙirji. Ga ƙofar gaskiya a buɗe, da ya shiga.

"Wurin ya riga ya ruɓe a gwangwani, Baba," ya ce. "Haka na same shi."

Tsohon ya cire tabarau ya riƙe a hannu.

"Ni ne," ya ce. "Shekara ashirin da wani abu a ƙarƙashin gado, cikin zafi. Ni da na san aikin nan. Auta, ki yafe min. Abu ɗaya uwarki ta bar miki a hannuna, na bar shi ya ruɓe."

"Haba Baba! Don Allah ka daina."

Tana kuka tana share masa nasa. Sannu na zaune yana kallon tabarmar ƙasa, yana fatan ta tsage ya shige. Kuma abin bai tsaya nan ba. Da zai tafi, Baba ya dafa kansa.

"Ka yi iya ƙoƙarinka, ɗana, Allah ya yi maka albarka. Na ga take-takenku. Ka turo manyanka."

Albishir ɗin da ya yi kusan wata biyu yana roƙon Allah, ga shi ya zo, ya kasa ko cewa na gode da ƙarfi.

Kwana goma sha ɗaya ya ƙara yi da ambulan a aljihu. Abinci ya daina shiga. In ya je shagon tabarau sai ya tsaya a ƙofa yana kallon takalminsa. Auta ta ce "kalle ni nan" har ta gaji, daga baya ta fara zargin abin da kowace mace za ta zarga. Wani dare ta turo masa saƙo.

"Tunda Baba ya ce ka turo ka canza. In wata ce ka faɗa min, ba zan mutu ba."

"Wallahi babu wata, Haskena."

"To mene ne? Jiya Baba ya ƙi cin abinci, wai ya yi mafarkin Mama ta ba shi baya. Kai ma ka ba ni baya. Ni ina zan sa kaina?"

Wannan saƙon ne ya karya shi. Da safe ya shiga ofishin Shugaba ya ajiye ambulan a kan tebur, ya faɗi komai a tsaye. Ta zazzage ɓurɓushin a kan farar takarda, ta daɗe tana kallo ta saman tabarau.

"Fim kowa na iya lalatawa," ta ce. "Ni ma na taɓa. Amma a gidan nan abin da ya faru muke rubutawa, ko da mu ya kunyata. In mai ajiya ya fara gyara gaskiya, wa zai yarda da sauran gwangwanayen?" Ta mayar masa da ambulan. "Ka kai wa masu shi. In ka dawo, ba kai ba sikana. Ɗakin sanyi za ka koma, ka warware kowane fim da hannu ya sha iska, daga kai har wutsiya."

Ya sami Baba a wurinsa na kullum, Auta na yanke masa farce. Bai zauna a kujera ba. Ya durƙusa ya miƙa ambulan da hannu biyu.

"Baba, fim ɗin bai ruɓe ba. Lafiyarsa ƙalau ya zo hannuna. Ni na sa shi a majigi don in burge ku, majigi ya cinye wurin. Ƙarya na yi muku."

Abin yankan farce ya faɗi daga hannun Auta. Baba ya buɗe ambulan, ya sa yatsa ya taɓa abin da ke ciki.

"Da a ranar ka faɗa," ya ce a hankali, "da na yi fushi na kwana biyu na yafe. Na san majigi, na san ƙuruciya. Amma ka zauna a nan, a kan tabarmar nan, kana kallona ina ba 'yata haƙuri a kan laifinka. Har na sa maka albarka ka karɓa." Ya rufe ambulan. "Ka ce wa manyanka su yi zamansu. Wanda ya iya wannan haɗin ba zan ba shi 'ya ba."

Sannu ya ɗago ya dubi Auta. A karo na farko ita ce ta kawar da kai.

Da yamma saƙonta ya shigo: "Kai kaɗai ka ga dariyar uwata, ka kuma hana ni ko labarinta. Kar ka kira ni."

Bai kira ba. Ya sa rigar sanyi ya shiga ɗakin gwangwanaye. Aikin warwarewa aiki ne da ake ba sabon zuwa: ka ɗora fim a kan tebur mai fitila a ƙasa, ka juya hannu a hankali, ka bi shi da yatsu har ƙarshe, ka mayar. Abokan aikin da ke tsokanarsa a da suka daina, shirun nasu kuwa ya fi tsokanar ciwo.

Mai Jirgi bai yi sanya ba. Ya karɓi ɗaya daga hotunan nan uku, ya sa kwamfuta ta motsa shi, ya kawo da murna. A talabijin matar ta lumshe ido, ta yi murmushi mai kyau, haƙora a jere. Baba ya matsa har hancinsa na kusan taɓa gilashin.

"Wace ce wannan?" ya ce. "Matata wushirya gare ta, kuma ba ta taɓa dariya ba ta rufe baki ba. Kashe, ɗana. Na gode, amma kashe."

A sati na uku Sannu ya kai ga gwangwanin gasar noma. Shi kansa ya yi sikanin wannan fim shekara biyu da suka wuce, ya tsaya inda shirin ya ƙare, kamar yadda aka saba. Abin da ke bayan nan wutsiya ake ce masa, ragowar fim ɗin da ba a damu da shi ba. Amma mai warwarewa da hannu dole ya bi har ƙarshe. Yana juyawa sai ya ga wutsiyar ba baƙa ba ce, akwai hoto. Ya ɗauki gilashin ƙara girma ya sunkuya.

Mace ce a bakin ƙofa, da tsintsiya a hannu. Da wani ne da ya rubuta "mace, ba a san ta ba" ya wuce. Amma Sannu ya san wannan fuskar, ita ke hana shi barci.

Ya jawo gwangwanin buɗe gada. A wutsiya ga ta tana tsefe kai. Na zuwan baƙi: ga ta da tsohon ciki, tana korar mai ɗauka da hannu. Kwana tara ya yi yana bin duk gwangwanin da ke da rubutu mai karkata hagu. Ya samu goma sha huɗu, wani sakan uku, wani biyar. A na ƙarshe tana riƙe da jaririya, tana ɗaga ɗan hannunta tana yi wa kyamara bye-bye.

Ya ɗauki waya, ya rubuta "Haskena", ya goge. Ya ga kamar zai je sayen yafiya ne da abin da ba nasa ba. Sai ya kai wa Shugaba lambobin gwangwanayen.

"A kira mai ɗaukar ya faɗa mana ko wace ce, a rubuta a kati," ya ce. "Ba sai an ce ni na gano ba."

"Ka fara koyar da ni abin da zan ɓoye kuma?" ta ce. Ya sunkuyar da kai ya koma ɗakin sanyi.

Baba ya zo da Auta ranar Talata, yana dafe da kafaɗarta a matakala. Aka zaunar da su a gaban babban allo, Shugaba da kanta ta kunna abin da aka yi sikani. Sannu na can baya a bakin ƙofa, inda ba haske.

Minti ɗaya ne da 'yan sakanni. Da fuskar ta cika allon, Auta ta miƙe tsaye ba ta sani ba. Da aka zo kan jaririya sai ta ce "Mama", da wata murya da ba ta taɓa amfani da ita ba, ta koma ta zauna tana kuka. Aka sake kunnawa sau uku.

Baba kuwa rufe fuska ya yi da hularsa.

"Hajiya," ya ce wa Shugaba, "fim ɗin hukuma ne. In na dawo daga aiki da ɗan saura a kyamara, maimakon in mayar sai in biya gida in ƙarar a kanta. Na ɗauka masu yanka suna zubarwa. Shekara talatin ban faɗa wa kowa ba, kunya nake ji. Ashe abin da na ɓoye yana nan da rubutun hannuna a kai."

"To yau za a rubuta shi daidai," Shugaba ta ce. "Sunanta, da na wanda ya ɗauka, da na wanda ya gano. Ga shi can yana ƙoƙarin shigewa bango."

Baba ya juya, yana ƙanƙance ido. "Zo nan."

Sannu ya zo ya durƙusa.

"Wannan bai maye wancan ba, ka sani."

"Na sani, Baba."

"A cikin goma sha huɗun nan babu inda ta yi waccan dariyar. Ni kuma ta fara dushe min, har a rai. Kai ne na ƙarshe da ya gani. Faɗa mana, kar ka rage, kar ka ƙara."

Sannu ya faɗi yadda ta yarfe zane, yadda kafaɗarta ta tsaya da ta ji kira, yadda ta juyo ta hagu da abin maƙale shanya a baki, ta zaro ido har ya faɗi. Ya faɗi wushiryar, da bayan hannun da ta kai ta rufe baki, da ɗigon ruwan da ke gangarowa a gwiwar hannunta. Bai tsallake komai ba, har wurin da baƙin ramin ya buɗe.

"Abin maƙale shanya," Baba ya ce, hawaye na bin gemunsa. "Wallahi na manta da shi. Haka aka yi." Ya lalubo kan Sannu ya dafa. "Ni na iya ɓoye nawa shekara talatin, kai kwana goma sha ɗaya ya gagare ka. Waccan albarkar da ƙarya ka karɓa, na janye ta. Ga wata sabuwa. Sauran magana kuma ba tawa ba ce, ga mai ita nan."

Auta ta share fuska. Ta zo ta tsaya a gabansa, ta sa yatsa ta ɗago haɓarsa kamar yadda take yi a shago.

"Kalle ni nan."

Ya kalle ta, da ƙyar.

"Ban gama fushi ba, Sannuna. Zai ɗauki lokaci."

"Zan bi layi," ya ce. "Ko sati shida ne, ko shekara shida."

Bai kai shekara ba. Bayan wata biyar aka ɗaura aure, ranar da rana ta fito tas. Kafin nan ambulan ya sami gurbinsa a ɗakin sanyi, kusa da gwangwanin Mama, da kati a jikinsa da rubutun Sannu: "Sakan tara. Ni na lalata su a majigi, bisa saɓa ƙa'ida." Duk sabon ma'aikaci sai an nuna masa, kuma har yau Sannu na sunkuyar da kai in an zo wurin.

Mai Jirgi ne ya ɗauki bidiyon bikin, don shi mutum ne da ba ya riƙo, jirginsa na ta shawagi a kan jama'a. Da taro ya watse, ya fara naɗe wayoyinsa, sai Baba ya ce a miƙo masa kyamarar. Ya ɗora ta a kafaɗa kamar jiya ya ajiye, ko da yake abin da yake gani a ciki inuwa ce kawai. Ango ya tsaya a gefensa, ya ɗan karkata masa hannu zuwa inda amarya ta ba da baya tana magana da ƙawayenta.

"Auta!" Baba ya kira.

Ta juyo ta hagu. Ta ga kyamara, ta zaro ido, ta fashe da dariya, ta kai bayan hannunta ta rufe baki.



"Ta yi?" Baba ya tambaya ƙasa-ƙasa.

"Ta yi, Baba. Sak."

Tsohon ya sauke kyamarar ya miƙa wa mai ita.

"In ka zo yanka, kar ka taɓa wutsiyar nan," ya ce. "Ka ba angon ya ajiye, yanzu ya san yadda ake riƙo. Allah ya ba ku zaman lafiya, 'ya'yana. Allah ya ba ku zuri'a masu kallonta."

Duk wanda ke kusa ya ce amin.